Pola Negri: kukan jana'iza ne ya kashe mata kasuwa ko zuwan fim mai magana?

Dan_Fagge:
Salamu alaikum jama'ar gida. Shekaranjiya da daddare an ɗauke wuta, zafi ya hana ni barci, ina ta latse-latsen waya sai na faɗa kan wani tsohon fim na Jamus, Madame DuBarry, na 1919. Baƙi da fari ne, ba magana, sai kiɗa da ɗan rubutu da ke fitowa jefi-jefi. Na ce bari in leƙa na minti biyar, wallahi ban ajiye wayar ba sai da ya ƙare. Matar da ta ja fim ɗin ce ta riƙe ni, Pola Negri, 'yar Poland. Fuska fara fat, gashi baƙi wuluk, ido ya sha kwalli, in ta juyo ta kalli sarkin Faransa na cikin fim ɗin ba ka buƙatar a rubuta maka abin da take nufi. Wurin ƙarshe da ake jan ta za a fille mata kai tana turjewa tana roƙo, ba sauti fa, amma sai da tsigar jikina ta tashi. To abin da ya tsaya min a rai, mace irin wannan ta je Hollywood a 1922 ana rububinta, kafin shekara 7 an daina yayinta a can. Ni a ganina kukan da ta yi a jana'izar jarumin fim Rudolph Valentino ne ya kashe mata kasuwa, mutane suka ce wasan kwaikwayo take yi a kan gawa. Masana me kuka gani?

Ummu_Hanifa:
Wa alaikumus salam. Ni yau na fara jin sunanta ma. Negri kuma? Ai wannan ya fi kama da sunan Italiya.

Malam_Tarihi:
Ummu Hanifa kunnenki bai yi ƙarya ba, sunan aro ne. Sunanta na yanka Apolonia Chałupiec, an haife ta ranar 3 ga Janairu 1897 a wani ƙaramin gari, Lipno. Pola taƙaita Apolonia ne, kamar yadda za a ce Hadiza a koma Dije, Negri kuwa ta ɗauko shi daga wata marubuciyar waƙoƙi 'yar Italiya mai suna Ada Negri da take son rubutunta. Kuma a lura, lokacin da aka haife ta babu ƙasar Poland a taswira, Rasha da Jamus da Austriya sun raba ta tun 1795, sai 1918 ta dawo. Garinsu a hannun Rasha yake. Ubanta maƙerin gwangwani ne, hukumar Rasha ta kama shi aka tura shi Siberiya, uwar ta ɗauki yarinya suka koma Warsaw cikin talauci sosai, tana aikin girki tana ciyar da ita. Duk wanda zai yi maganar Pola ya fara daga nan.

Ummu_Hanifa:
Allah sarki uwa. Ko'ina dai ita ce ke ɗaukar wahalar.

Abba_a_Warsaw:
Ni karatu ya kawo ni nan, shekarata ta uku ke nan. Gaskiya mutanen nan ba su manta da ita ba, ko matasa in ka ambaci sunan sun san shi ko da ba su taɓa kallon fim ɗinta ba, kuma a Lipno akwai gidan tarihi da aka yi don tunawa da ita. Wani abokin karatuna ya ce kakarsa in ta ga yarinya ta cika kwalliya da yanga sai ta kira ta Pola Negri. Abin da Malam bai faɗa ba, ai ba fim ta nufa ba da farko, rawa ta koya, irin wadda ake yi a kan yatsun ƙafa, a makarantar gwamnati ta Warsaw. Tarin fuka ya kama ta aka kai ta jinya Zakopane, gari ne a cikin duwatsu can kudu, na je sau ɗaya lokacin ƙanƙara, iskar wurin in ka shaƙa har ƙirji kake jin sanyinta. Daga nan ne ta bar rawa ta koma makarantar wasan kwaikwayo, ta fara hawa dandamali a 1912, fim na farko kuma a 1914.

Sani_Edita:
Wannan bayanin na rawa shi ne ya warware min wani abu. Ni sana'ata tace fim, kuma na kalli DuBarry ɗin da Dan Fagge ke magana har sau biyu. Ku lura da yadda take tafiya, yadda take zama, yadda take juya kafaɗa kafin ta juya kai. Ba a koyon wannan a gaban kyamara, jikin da ya sha horon rawa ne. A fim marar magana jikinka shi ne bakinka. Shi ya sa ni ban yarda da kai ba Dan Fagge, ba jana'iza ba ce, sauti ne. Daga 1927 da fim mai magana ya shigo duk wanda Turancinsa ke da nauyin harshen gida ya shiga uku, ita kuma Turancin da girma ta koye shi. Kwantiraginta da kamfanin fim na Paramount ya ƙare a 1928, lissafa ka gani.

Dan_Fagge:
Sani na ji ka, amma Greta Garbo fa? Ita ma ai baƙuwa ce daga Sweden, harshenta da nauyi, kuma sauti bai kayar da ita ba, ƙara ɗaukaka ma ta yi. Marlene Dietrich ma a 1930 ta zo daga Jamus, lokacin sauti ya riga ya kankama. In harshe ne matsala me ya sa su suka tsira?

Yar_Damagaram:
Don Allah a ba mu labarin jana'izar tukun, kuna ta ambato mu ba mu san me ya faru ba.

Malam_Tarihi:
To 'yar Damagaram. Valentino ɗan Italiya ne, shi ne jarumin da matan Amurka suka fi haukacewa a kansa a lokacin. Ya rasu ranar 23 ga Agusta 1926 a New York yana da shekara 31, bayan an yi masa aiki a ciki. Dubban mutane suka cika titi, har sai da 'yan sanda suka shiga tsakani. Pola tana California tana aiki, ta hau jirgin ƙasa ta ratso ƙasar gaba ɗaya, ta iso cikin baƙaƙen kaya, ta ce ai sun yi alkawarin aure da shi, ta yi ta suma a gaban akwatin gawa 'yan jarida na ɗauka. Ta kuma aiko da wata ƙatuwar shimfiɗar furanni jajaye, a tsakiya an jera farare sun rubuta sunanta, POLA. Wannan furen shi ya fi ɓata wa mutane rai. Sannan ko wata 9 ba a yi ba, a Mayun 1927, ta auri Serge Mdivani, ɗan Jojiya mai kiran kansa yarima. Masoyan Valentino ba su yafe mata wannan ba.

Yar_Damagaram:
Kai, furen nan kam da sunanta a kai bai yi ba gaskiya. Gidan mutuwa ba wurin tallar kai ba ne. Amma suman ni ba zan ce ƙarya ba ne, wa ya shiga zuciyarta?

Hajiya_Kumasi:
Yauwa 'yata, kin faɗi abin da ke bakina. Ni na binne miji, kuma na san abin da na ji da kunnena a zaman makoki. Ranar farko na yi kuka har muryata ta dishe aka ce na cika kururuwa ba tawakkali, ranar uku hawaye suka ƙafe na zauna shiru ina jan carbi sai ga wata a bayana tana raɗa wai dubi idonta ƙamas ko a jikinta. Wallahi da kunnena na ji. Mace ba ta iya wa mutane a wurin mutuwa. To balle wadda sana'arta ke nan nuna abin da ke zuci da fuska da hannu, tun tana yarinya haka aka koya mata, kuma ta fito daga ƙasar da ba a jin kunyar kuka a fili. Ku 'yan samari kuna saurin yanke hukunci.

Dan_Fagge:
Hajiya Allah Ya jiƙan Alhaji, Ya sa ya huta. Ni ban ce ƙarya ta yi ba, cewa na yi haka mutanen Amurka suka ɗauka, kuma su ne masu sayen tikiti.

Hajiya_Kumasi:
Amin ɗana, na gode. Na fahimce ka yanzu.

Sani_Edita:
Bari in koma kan tambayar Garbo don tambaya ce mai kyau. Na yarda ba harshe kaɗai ba ne. Amma ka duba abin da Paramount suka yi da ita tun daga farko. A Jamus tana hannun Ernst Lubitsch, darakta ne da ya san ta, ya bar ta ta fito a fim ɗin Carmen da ƙazanta da zafin kai da dariya, mace mai jini a jika. Da ta zo Amurka sai aka wanke ta tas, aka lulluɓe ta da tufafi masu tsada, aka ce ta tsaya ta yi kyau, kullum ita ce baƙuwar mace mai lalata maza. Fim ɗinta na farko a can, Bella Donna na 1923, haka yake. Wanda aka fi yabo a finafinanta na Amurka ai Forbidden Paradise ne na 1924, kuma wa ya ba da umarni? Lubitsch ɗin dai. Wannan ya nuna maka matsalar ba daga ita ba ce. Mu ma nan muna gani, jaruma ta yi fice a rol ɗin muguwar kishiya sai kowane furodusa ya ce ita zai ba muguwar kishiya har mutane su gaji da ganinta.

Bash_Kaduna:
To ashe kai ma ka sauka daga maganar sauti ke nan.

Sani_Edita:
Ban sauka ba, cewa nake kafin sautin ya zo an riga an gajiyar da 'yan kallo, sauti ya zo ya ƙarasa.

Malam_Tarihi:
Ni akwai kalmar da nake so a gyara, wato "kashe kasuwa". Kasuwar Hollywood ce ta mutu, ba ta Pola ba. Kuma muryarta ba ta da laifi, tana waƙa ma. A fim ɗinta mai magana na farko a Amurka, A Woman Commands na 1932, fim ɗin bai yi kasuwa ba amma waƙar da ta rera a ciki ta karɓu sosai har ta yi yawon wasa da ita. A 1935 ta koma Jamus ta yi Mazurka da darakta Willi Forst, ya yi kasuwa ƙwarai, ta ci gaba da fim a can har 1938. Mace mai shekara kusan 40 a lokacin. Mu ne muke auna komai da Amurka kamar in ba a can kake ba ba ka raye.

Bash_Kaduna:
Malam a nan ne ni kuma nake da matsala da ita, kuma ya fi min batun fure nauyi nesa ba kusa ba. 1935 wa ke mulkin Jamus? Hitler. An kori Yahudawa daga harkar fim, Lubitsch ɗin da ya ɗaga ta Bayahude ne, a shekarar nan gwamnatin Nazi ta ƙwace masa takardar zama ɗan ƙasa. Dietrich 'yar Jamus ce haifaffiya, an neme ta ta dawo ta ƙi. Ita kuma Pola ta je ta karɓi kuɗinsu, bayan shekara 4 sojojin ƙasar suka afka wa ƙasarta ranar 1 ga Satumba 1939, suka ragargaza Warsaw ɗin da uwarta ta yi wahala a ciki. Wannan fa?

Ummu_Hanifa:
Ni ma na taɓa jin wai akwai wata jaruma da aka ce budurwar Hitler ce, ko ita ce?

Malam_Tarihi:
A'a Ummu Hanifa, a kiyaye wannan. Wata mujallar Faransa mai suna Pour Vous ce ta buga zancen, Pola ta kai su kotu kan ɓata suna kuma ta yi nasara. Abin da ake yawan faɗa shi ne Hitler na son fim ɗin Mazurka, daga nan jita-jitar ta samo tushe. Game da maganar Bash, tambaya ce ta gaskiya ba zan kare ta ɗari bisa ɗari ba. Sai dai a sa a ma'auni cewa dukiyarta ta narke a rushewar kasuwar hannun jari ta 1929, auren yariman ya mutu a 1931, ga uwa tana riƙe da ita. Finafinan da ta yi a can na soyayya da hawaye ne, irin su Madame Bovary na 1937. Kuma ta bar Jamus kafin yaƙi, tana Faransa aka fara, a 1941 ta bi ta Fotugal ta koma Amurka.

Bash_Kaduna:
Na ji uzurin Malam, amma talauci bai isa hujja ba a wurina, akwai waɗanda suka fi ta shiga matsi suka ƙi. Ko fim ɗin hawaye ne ai yana wanke wa gwamnati fuska, duniya ta ga kamar komai lafiya.

Hajiya_Kumasi:
Bash, wanda ya taso ya ga an tafi da ubansa ya kwana da yunwa, tsoron talauci ba ya barinsa ko ya tara duniya. Ban ce ta yi daidai ba.

Abba_a_Warsaw:
Abin da ni ya fi ba ni takaici daban ne. Finafinan da ta yi a nan Poland da kamfanin Sfinks na Aleksander Hertz kafin ta tafi Berlin a 1917, kusan duk sun ɓace. Bestia na 1917 ne ya tsira cikakke, shi ma don an kai shi Amurka an nuna da wani suna. Faifan fim na wancan zamani da sinadari mai saurin kama wuta ake yin sa, in bai ƙone ba ya ruɓe a gwangwani, ga yaƙi biyu sun bi ta kan garin. Na kalli Bestia da aka gyara, tana da shekara 20, 'yar ƙauye da ta gudu daga gida ta zama mai rawa a birni. Akwai ɗanyen kai a wasan nata a nan, ba ta gama gogewa ba, amma idon nan da Dan Fagge ya faɗa yana nan tun lokacin.

Sani_Edita:
Abba ka taɓo min inda ke min ciwo. Wata rana na je neman wani fim ɗin Hausa na shekarun 1990 wurin wanda ya shirya shi da kansa, ya shiga ɗaki ya fito da kwali, kaset ɗin duk sun yi fumfuna, tef ya manne da juna, muka sa a na'ura sai layi-layi kawai. Mutumin ya zauna ya yi shiru ya fi minti biyar. Su nasu shekara 100 da yaƙi ne suka ci, mu namu shekara 30 da damina.

Baba_Mai_Rediyo:
Yara kun tuna min da majigi. Muna ƙanana ake zuwa da mota a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan isha'i, wani ya riƙe lasifika yana fassara mana abin da ke faruwa da Hausa. Wani lokaci ma ba ma sauraronsa, fuskar mutum da tafiyarsa sun isa. Don haka na gane abin da Dan Fagge ya ji. Amma ku faɗa min, wannan baiwar Allah ta haihu kuwa? Yaya ƙarshenta?

Malam_Tarihi:
Baba ba ta bar ɗa ba. Aure biyu ta yi, na farko da wani basaraken Poland, Eugeniusz Dąmbski, a 1919 suka rabu a 1922, sai na yariman. Tsakani kuma an yi ta yayata soyayyarta da Charlie Chaplin har aka sanar da baiko a 1923, bai kai ga aure ba. Bayan ta koma Amurka ta yi fim ɗaya a 1943, ta zama 'yar ƙasa a 1951, uwarta ta rasu a 1954 a hannunta. Daga baya ta koma San Antonio a jihar Texas tare da ƙawarta Margaret West. Fim na ƙarshe na kamfanin Disney ne a 1964, ta rubuta tarihin rayuwarta ya fito a 1970. Ta rasu ranar 1 ga Agusta 1987 tana da shekara 90, aka binne ta a Los Angeles kusa da uwarta.

Baba_Mai_Rediyo:
To madalla da ta riƙe uwar har ƙarshe. Wannan ya yi min.

Yar_Damagaram:
Ni abin da na lura, duk cikin zancen nan ba wanda ya ce Chaplin ko yariman sun yi laifi, shi yariman da kuɗi suka ƙare ai gaba ya yi ya auri wata. Amma ita ce aka bi da suna har yau. Kuma Dan Fagge, in da namiji ne ya suma a jana'izar budurwarsa ya yi aure bayan wata 9, kana ganin za a daina kallon fim ɗinsa?

Dan_Fagge:
Gaskiya ba za a daina ba ƙanwata, wannan kam na ba ki. Amma hakan ai yana ƙarfafa maganata ne, cewa jana'izar ta yi mata illa, ko da bisa zalunci ne. Kuma har yanzu ba wanda ya amsa min batun Garbo yadda zan gamsu. Sani ya ce rol iri ɗaya aka yi ta ba ta, to Garbo ma ai kusan haka ne.

Sani_Edita:
Garbo a 1925 ta zo tana da shekara kusan 20, sabuwar fuska, kamfaninta kuma ya yi ta jan ƙafa bai sa ta a fim mai magana ba sai 1930 da ya samo labarin da nauyin harshenta zai dace da shi. Pola ita ta fara buɗe ƙofar, DuBarry ne da aka nuna a New York a ƙarshen 1920 ya sa Amurkawa suka yarda su kalli fim ɗin Jamus bayan yaƙi, shi ya sa aka fara ɗauko taurarin Turai. Lokacin da sauti ya zo ita ta haura 30, albashinta mai tsada, ba wanda ya zauna ya yi mata irin wannan tanadin.

Abba_a_Warsaw:
Dan Fagge in ka samu dama ka nemi Hotel Imperial na 1927, bayan jana'izar ya fito, mai aikin otal ta fito a ciki ba gimbiya ba, ka kalla ka dawo mu ji ko za ka ce wadda kasuwarta ta mutu ce. Ranar Asabar in Allah Ya kai mu akwai abokina da zai je wajen Toruń, Lipno ba nisa daga can, in na samu na bi shi zan ɗauko muku hotunan gidan tarihin.

Bash_Kaduna:
Abba in ka je don Allah ka duba min ko sun rubuta wani abu kan shekarun 1935 zuwa 1938 a bangon, ko kuwa tsallakewa suka yi.